Wa Zai Karɓi Adakar Malam a Wudil?

Duk ɗalibin da ke son ya ga cikakken ɗakin karatun malamin Kano na zamanin Sarki Abdullahi Bayero, yadda mai shi ya tara shi ya bar shi, sai ya nemi bizar Amurka. Littattafan Malam Umaru Falke, wanda ya rasu a 1962, malami ɗan kasuwa kuma almajirin Shehu Ibrahim Inyas, suna Jami'ar Northwestern da ke Evanston, dab da Shikago. Sun haura guda 3,000: fiƙihu da tauhidi, waƙoƙin begen Annabi, magunguna da hisabi, wasu da Larabci, wasu da ajamin Hausa. Kowanne da lambarsa, kowanne da wurin kwanansa. Tun a 1978 wani ɗan ƙasar nan, Abdullahi Mohammed, ya rubuta kundin digirinsa na uku a kansu.

In aka kawo wannan zance a majalisa, abin da ke fara fitowa shi ne tsaki: Turawa sun kwashe mana kaya. Ba a ƙi ta masu tsakin ba. Sai dai su ma akwai tambayar da ke jiransu: da an bar takardun a inda suke, nawa ne cikinsu za su kawo yau? Malamai nawa ne sa'o'in Falke, a Madabo da Sanka da garuruwan da ke kewaye da birni, da suka bar abin da ya kai nasa ko ya fi, amma yau ko jikokinsu ba za su iya nuna inda littattafan suka shiga ba? Abin da ya tsirar da na Falke mutum ne, ma'aikacin da aka horar, ake biyansa albashi duk wata don ya san abin da ke cikin kowane kwali, ya hana shi lalacewa, ya fito da shi ga mai nema, ya kuma mayar da shi inda ya ɗauko.

Wannan sana'a, ta mai kula da tsoffin littattafai da ɗan'uwansa mai kula da gidan tarihi, ita ce aka yi wa riƙon sakainar kashi a ƙasar Kano. Ana yin gini, a yanke ƙyalle, a sayo na'urar ɗaukar hoto, a yi jawabi kan gadon iyaye da kakanni. Mutumin da zai zauna da kayan shekara talatin shi ne ba a tanada ba. A cikin birni da sauƙi, ko ba komai akwai Gidan Makama da Gidan Ɗan Hausa da laburaren Jami'ar Bayero. Inda rashin ya fi ciwo garuruwa ne irin su Wudil, masu tarihi jibge, ba wanda aka ɗora wa alhakinsa.

Wudil ma tana da hujja ta musamman. Gidan tarihin da ya fi kowanne suna a Kano, Gidan Makama, wanda ake danganta gininsa da zamanin Sarki Muhammadu Rumfa a ƙarni na 15, sunan sarautar hakiminta yake amsawa, domin a al'adar masarauta Makaman Kano ne ke riƙe da ƙasar Wudil, yana kuma cikin masu zaɓen sarki. Sarautar ta Jobawa ce, jama'ar da Malam Bakatsine ya jagoranta lokacin jihadi, kuma Utai, nan cikin ƙasar Wudil, tana cikin tsoffin mazaunansu. Da basasar Kano ta ɓarke a 1893, wannan shiyya Yusufawa, ɗaya daga ɓangarorin yaƙin, suka fuskanto, suka kafa sansani a Takai. Ga kogi da mashigarsa, wadda ta sa mai nufin Gaya ko Dutse ko Birnin Kudu ko Barno sai ya ratsa garin. Ga kasuwar Juma'a da karar shanunta, wadda sunanta ya kai har Kudu.

Wuri irin wannan takarda yake haifarwa. Hakimi yana rubuta wa sarki, dagatai suna rubuto masa. Akwai rajistar haraji da ta jangali, akwai littafin da alƙali yake rubuta hukunci, akwai takardun rabon gado da na cinikin gona. Akwai Alƙur'anan da alarammomi suka rubuta da ka, da kundin malamin da ya ƙare rayuwarsa yana ba da karatu a zaure. Tsoffin makarantun garin suna da rajistar ɗalibai da hotuna. Wasu kayan suna cikin adaka a ƙarƙashin gado, wasu a buhu, wasu a siton ofis tare da karyayyun kujeru. Garin kuwa na bakin kogi ne, ambaliya ba baƙuwarsa ba ce.

Kada a raina irin waɗannan 'yan takardu. Da sojojin Ingila suka shiga Sakkwato a 1903 sun tarar da tarin wasiƙu a gidan Waziri Buhari, waɗanda H. F. Backwell ya fassara ya buga a 1927. A cikinsu ne ake jin abin da sarakuna suke faɗa wa juna da bakinsu a shekarun da Turawa ke matsowa. Asl al-Wangariyyin, ɗan littafin da ya ba da labarin zuwan malaman Wangarawa Kano, an rubuta shi ne a tsakiyar ƙarni na 17, amma sai a 1968 Muhammad al-Hajj ya fito da shi ga masu bincike. Warƙoƙi ne 'yan kaɗan, ga shi yau ba mai rubuta tarihin Musulunci a Kano ya tsallake su.

Mutane da yawa sun ɗauka aikin kaɗe ƙura ne da riƙe mukulli. A ɗauka an buɗe adakar wani malami da Allah Ya yi wa rasuwa. Littafin rubutun hannu na ƙasar nan ba ɗinkakke ba ne. Warƙoƙi ne a sake cikin tadarishi, a ɗaure da igiyar fata, in mai shi yana ji da shi ya sa a gafaka. Babu lambar shafi. Dabarar marubuci ita ce ya sa kalmar farko ta warƙa mai zuwa a gindin wadda ta gabace ta. In yara sun watsa, ko magada sun cakuɗa littafin fiƙihu da na nahawu garin rabo, wannan 'yar kalma ce kaɗai jagora, kuma sai wanda ya iya karanta hannun ne zai bi ta, warƙa bayan warƙa, har littafi ya koma littafi. Littafi ɗaya yana iya cin mako.

Daga nan ma'aikacin zai ɗaga warƙar ya fuskanci taga da ita. A cikin jikin takardar zai iya ganin tambarin jinjirin wata uku a jere. Alama ce ta takardar da ake yi a arewacin Italiya, irin ta masana'antar iyalin Galvani da ke Pordenone, wadda fatake suka riƙa ƙetaro Sahara da ita ta Tarabulus da Masar a ƙarni na 19. Tambarin yana ba shi hasken zamanin littafin tun kafin ya karanta layi ɗaya. Sai ya juya ƙarshe, inda mai kwafa yakan faɗi sunansa da na wanda ya rubuta wa da ranar da ya gama. Sau da yawa da haruffa ake sa shekarar, ta hanyar hisabi, kuma a nan ake gane gwani. A lissafin da malamanmu suka gada daga Magrib, harafin shin 1,000 ne. A na Gabas 300 ne. Wanda ya yi karatunsa a bugun Masar kaɗai, in bai yi hattara ba, sai ya yi kuren shekara 700 a takarda guda.

Gefen shafi ma ba a wuce shi. A nan ɗalibai suke ajiye fassarar malaminsu da Hausa ko Fulatanci, tsakanin layi da layi, da ƙanƙanen rubutu. A ƙarshen shekarun 1950 A. D. H. Bivar, wanda ke yi wa sashen kayan tarihi na gwamnati aiki, ya lura da irin wannan a wasu tsoffin Alƙur'anan Barno, ɗaya daga cikinsu mai ɗauke da shekarar da ta yi daidai da 1669. Bayanan gefen sun zama da tsohon harshen Kanembu ne, kuma suna cikin mafi tsufan rubutun ajami da aka sani a wannan yanki. Da ya tsaya kan kyan zayyana kawai, da an wuce su.

Sai yaƙi da masu cin takarda. Gara ce babbarsu: tana shiga adakar katako ta ƙasa, ta cinye ciki ta bar waje lafiya lau, ba mai sani sai ranar da aka buɗe. Akwai asu da kyankyaso da ɓera. Danshin damina yana kawo fumfuna, bushewar hunturu tana sa warƙa ta yi ƙamas ta riƙa karyewa a hannu. Wata tawadar ma, irin wadda aka dafa da gabaruwa da ƙarfe, da kanta take cin takardar sannu a hankali har harafi ya koma huda. Amma ɓarnar da ta fi ba mai sana'ar haushi ita ce ta masu kyakkyawar niyya. Jika ya ga wasiƙar kakansa ta yage, sai ya manne ta da salatif. Bayan 'yan shekaru gam ɗin ya narke ya bar tabon da ba ya fita. Wani ya kai shagon kwamfuta a yi mata lamineshin, bai san zafin na'urar da robar sun gama da ita ba. Wani ya ƙulle a leda, danshi ya taru. Wani ya fesa fiya-fiya. Maganin kuwa ba tsada gare shi ba: a ɗaga kaya daga ƙasa, a raba su da bango, a sa su cikin kwalin da ba shi da asid, a bar iska ta ratsa, a riƙa dubawa. Michaelle Biddle, ƙwararriyar gyaran littattafai daga Jami'ar Wesleyan ta Amurka, ta zagaya ma'adanan Arewa a 2008, daga baya ta yi aiki tare da ma'aikatan Gidan Arewa da ke Kaduna wajen ceto littattafan Modibbo Ahmadu Fufore a Yola, kuma mutanen gida ne aka koya wa tsaftace warƙa da yanka kwali da hannu.

To a nan gizo ke saƙar. Sana'ar tana son ilimi biyu, tsarinmu kuwa ya raba su gida biyu. Jami'ar Ahmadu Bello tana koyar da ilimin laburare tun 1968, Jami'ar Bayero ma tana da sashensa, kuma tun dokar 1995 akwai hukumar da ke yi wa ma'aikatan laburare rajista. Waɗanda suka fito daga nan sun san tsara kundin bayani, sun san kwamfuta, sun san haƙƙin mallaka. Amma a miƙa wa da yawansu warƙar da aka rubuta da hannun Barno ko na Kano, a ga yadda za su yi ta juya ta. A ɗaya gefen ga alaramma wanda ya rubuta Alƙur'ani da ka, wanda ke fere alƙalaminsa da kansa, ya dafa tawadarsa, wanda daga nesa zai ce wannan hannun Gabas ne, wancan na Sakkwato. Ga malamin zaure da zai ga layi biyu daga tsakiyar littafin da ba farko ba ƙarshe, ya faɗi sunansa da na mawallafinsa. Shi wannan, in ya je neman aikin gwamnati, ba shi da takardar da tsarin albashi ya sani. Mafi girman abin da za a ba shi masinja ne ko mai gadi.

Abin da ya dace shi ne a buɗe masa ƙofa. A kafa kwas na shekara ɗaya ko biyu kan adana rubutun hannu da kayan tarihi, wanda jarrabawar shigarsa ita ce a ajiye wa mutum tsohuwar warƙa ya karanta. A ɗebo daga tsangayu da zaurukan karatu, da Makarantar Koyon Larabci ta Kano wadda tushenta ke komawa 1934, da Kwalejin Aminu Kano ta shari'a da addini. A koya musu kimiyyar takarda da tsara bayani da kwamfuta. Ɗaliban laburare na jami'a su kuma a wajabta musu zaman wata da watanni a gaban malamin zaure. Sannan a yi wa sana'ar matakala, ta yadda gwanin rubutun hannu zai hau har matakin darakta yana kan aikinsa, ba sai ya bar littattafan ya koma tura fayil ba. A daina kuma mayar da laburare da gidan tarihi wurin da ake jefa ma'aikacin da aka gaji da shi. Duk wanda ya san ofisoshin gwamnati ya san ana yi.

A sa mata a ciki tun daga farko. Rabin kayan a cikin gida suke, inda baƙon namiji ba ya shiga, kuma sau da yawa tsohuwa ce ke riƙe da mukullin adakar mijinta, ita ce kuma ta san wanda ya ara bai dawo da shi ba.

Tarihin aikin ya goyi bayan ra'ayin buɗe wa malamin zaure ƙofa, domin duk inda aka yi nasara za a tarar da malami a tsakiya. Waziri Junaidu, wanda ya riƙe wazircin Sakkwato daga 1948 har rasuwarsa a 1997, karatun zaure ne tushensa, amma da wuya a nuna wanda ya fi shi adana littattafai a Arewa a ƙarnin da ya wuce. Ya riƙe abin da gidansu ya gada tun daga Waziri Giɗaɗo, ya ƙara a kai, ya kuma buɗe ƙofa ga masu nema. A wurinsa Murray Last ya zauna ya yi binciken da ya zama littafinsa kan Daular Sakkwato a 1967. A nan Jean Boyd ta samu da yawa daga rubuce-rubucen Nana Asma'u, waɗanda ita da Beverly Mack suka buga a 1997. Yau hukumar tarihi ta Jihar Sakkwato sunansa take amsawa. Abdullahi Smith, Baturen Ingila da ya musulunta, wanda ya kafa Gidan Arewa a 1970, ya jagoranci shirin binciken tarihin Arewa a Zariya a shekarun 1960, inda ake aron littafi daga malamai, a ɗauki hotonsa, a mayar. A Nijar kuwa Bubu Hama, shugaban majalisar dokoki, shi ya tara rubuce-rubucen da suka zama tushen ma'adanar Larabci da ajami ta Jami'ar Yamai.

Labarin Timbuktu ya fi kowanne fito da abin fili. Abdulƙadir Haidara ya gaji ɗakin karatun mahaifinsa yana ɗan shekara 17, ya kuma shafe shekaru tun daga 1984 yana bin ƙauyuka yana nemo wa Cibiyar Ahmad Baba littattafai, wani lokaci ya biya da kuɗi, wani lokaci da dabbobi. Iyalai sun san shi, sun san ubansa. Shi ya sa da masu ɗauke da makamai suka kama garin a 2012, ya ce a zuba kaya a adakokin ƙarfe a fitar da su a ɓoye zuwa Bamako ta mota da ta kogi, aka yarda. An tsirar da dubban ɗaruruwa. Daga cikin waɗanda aka bari a sabon ginin cibiyar, wanda Afirka ta Kudu ta gina da kuɗi masu yawa, kimanin 4,000 aka cinna wa wuta a Janairun 2013.

Ɗaya rabin sana'ar, na kayan da ba takarda ba, shi ma haka yake. Gidan tarihin Jos, wanda Bernard Fagg ya buɗe a 1952, ya samu ne saboda wani ya damu da kawunan yumɓun Nok da masu haƙar kuza ke tonowa. A 1987 wani makiyayi yana haƙa rijiya a Dufuna, cikin Jihar Yobe ta yanzu, ya ci karo da itace. Da ya ga dama da ya faskara. Ya kai labari, maganar ta bi hannun hukuma har ta isa ga masana na Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt a Jamus, aka haƙo shi a 1994: kwale-kwale ne mai tsawon sama da mita 8, mai kimanin shekara 8,000, mafi tsufa da aka taɓa samu a Afirka. Itacen da ya daɗe haka cikin jiƙaƙƙiyar ƙasa, in aka bar shi ya bushe kai tsaye tsattsagewa zai yi, sai da masu sani suka yi masa magani. Ruwan da ke bi ta ƙarƙashin gadar Wudil can wajen yake gangarawa, ta Haɗeja zuwa Yobe, kuma kullum masu ɗibar yashi suna tonon gindin kogin. In ɗayansu ya tono wani abu gobe, wa zai kira?

Ba ma sai abu ya kai shekara dubu ba. Komar masunci da gorar da yake hawa, kayan aikin magina tukwane, masaƙa, tsohon sirdi da likkafa da linzami, lifidi da kwalkwali, mudun awo, wuri da anini, tasoshin jeren amare na da. Yau 'yan gwangwan suna bin gida-gida suna sayen tsohon takobi da likkafar tagulla a kan sikeli, kuɗin kilo. Aikin mai kula da gidan tarihi shi ne ya riga su isa, kuma ya zauna da mai kayan ya rubuta: wa ya ƙera, a wane gari, wa ya hau da shi, a wace sallah ko wane yaƙi. Likkafar da aka san tarihinta shaida ce. Wadda aka tsinta ba bayani, tsohon ƙarfe ce ko da an sa ta a gilashi. Tsoffin da suka san amsoshin kuwa kullum raguwa suke yi.

Za a ce ana fama da yunwa da rashin magani a asibiti, wa ke ta tsohuwar takarda? Magana ce mai nauyi, ba a kuma ce a ɗebi kuɗin asibiti ba. Abin da ake nema albashin mutum biyu ne ko uku da ɗaki mai rufin kirki, kuma ƙaramar hukumar da ke iya ɗaukar tawagar masu ba da shawara ba za ta ce wannan ya fi ƙarfinta ba. Sannan takardun suna da amfanin yau. Rigimar iyakar gona, da ta burtali tsakanin manomi da makiyayi, da ta gado, da ta wanda ya cancanci dagaci, sau da yawa amsarsu tana kwance a tsohon littafin alƙali ko rajistar hakimi. In gara ta cinye, sai a koma rantsuwa da shaidar mai ƙarfi.

Za a kuma ce a ɗauki hoto a sa a intanet, shi ke nan. Ɗaukar hoto alheri ne. Shirin ceto ma'adanai na Laburaren Birtaniya, wanda ya fara a 2004, ya ɗauki nauyin ɗaukar wasu takardun Ma'adanar Ƙasa da ke Kaduna, kuma ƙa'idarsa ita ce asalin takarda ba ya barin ƙasarsa. Jami'ar Boston, tare da Mustapha Hashim Kurfi na Jami'ar Bayero, ta ɗora rubuce-rubucen ajamin Hausa inda kowa zai gani. Gobarar da ta ci laburaren Jagger na Jami'ar Cape Town a Afrilun 2021 ta nuna amfanin ajiye kwafi a wani wuri. Sai dai tarin hotunan da ba a rubuta ko na mene ne ba, ba mai iya nemo komai a cikinsu. Kafin a ɗauka sai an jera warƙoƙin daidai, bayan an ɗauka sai an rubuta bayani, kuma duka biyun aikin mutumin nan ne da ake ta magana. Na'urar ajiya ma tana mutuwa, sau da yawa tun kafin takardar da aka ɗauka.

Hujjar da ta fi ƙarfi ita ce ta iyalan da kansu. Akwai gidajen da aka taɓa karɓar littafi da sunan aro, har yau shiru. Akwai kuma kundin da mai shi bai rubuta don idon kowa ba: laƙani, magani, sirrin gida. Suna da gaskiya su yi taka-tsantsan. Shi ya sa bai kamata aikin ya zama na kwashe kaya a tara a gini ɗaya ba. Littafi ya zauna a gidan masu shi in sun fi son haka. Ma'aikaci ne zai je, ya tsaftace, ya jera, ya sa a kwali, ya rubuta, ya bar musu kwafin jerin. Abin da suka ce a rufe, a rufe. Wanda ya yarda ya ba da ajiya, a yi yarjejeniya a rubuce a gaban hakimi da alƙali, kayan nasa ne, ya karɓa ranar da ya so. Kuma malamin da zai ƙi miƙa Alƙur'anin kakansa ga saurayi mai kyamara zai miƙa wa alaramman da ya gani ya yi alwala kafin ya taɓa.

Wudil tana da abin da yawancin garuruwa ba su da shi. Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Dangote, wadda ta fara aiki a 2001 aka sauya mata suna a 2022, tana da masana sinadarai da za su iya nazarin tawada da takarda, da masana kwamfuta, da masana tsara gini da za su iya fitar da ɗakin ajiya mai sanyi ba tare da dogaro da wutar lantarki ba. Asusun TETFund yana ba jami'o'i kuɗin bunƙasa laburare. Ba laifi ba ne a ware wani abu don sashen rubutun hannu. Ga Makarantar Horar da 'Yan Sanda a garin. Dokar 1979 da ta kafa Hukumar Gidajen Tarihi ta Ƙasa ta hana cinikin kayan tarihi da fitar da su waje ba da izini ba, amma ɗan sandan da bai taɓa ganin kan Nok ko tsohon Alƙur'ani ba, ta yaya zai gane su a bayan mota? Darasi ɗaya daga mai kula da gidan tarihi zai yi wa kowane rukunin ɗalibai amfani. Yaran firamare kuwa, waɗanda yanzu sai an yi musu hayar mota zuwa birni ko zuwa zanen duwatsun Birnin Kudu, za su fara da na ƙofar gidansu.

Aikin farko ba ya jiran gini. Rajista ce: wane gida ke da me, guda nawa, a wane hali. A fara da siton fadar hakimi da na kotu da na tsoffin makarantu, domin in mutane suka ga manya sun buɗe nasu za su saki jiki. Daga nan gidajen limamai da alarammomi na cikin gari, sannan Utai da Darki da Indabo da Lajawa. Lokacin da ya fi dacewa shi ne bayan kaka zuwa kafin saukar ruwa, sa'ad da hanya ke biyuwa, manoma suna gida, takarda kuma a bushe take. Mutum biyu da babur da littafin rajista da kwalaye sun isa a soma, muddin an rubuta sunayensu a takardar albashi ta dindindin.